Lauya Ya Ajiye Riga Ya Ɗauki Majigi

Ran Jumma'a 1 ga watan Nuwamba 2024 aka kawo mutum 76 gaban Babbar Kotun Tarayya a Abuja, bisa tuhumar da ta shafi zanga-zangar tsadar rayuwa wadda aka yi cikin watan Agusta na shekarar. Cikinsu akwai yara da dama waɗanda ba su kai shekara 18 ba, kuma sun yi kusan wata uku a tsare. Ana cikin zama sai huɗu daga cikin waɗanda aka kawo suka yanke jiki suka faɗi. Mutanen da ke wurin suka ɗauki hotonsu, kafin magariba hoton ya gama ƙasa. Ran Litinin 4 ga wata Shugaban Ƙasa Bola Tinubu ya ba da umurni a saki yaran. Kashegari kotu ta kori ƙarar, aka miƙa su ga Gwamnonin Kano da Kaduna.

Wata uku ana maganar yaran nan da baki da takarda, ba a sake su ba. Hoto ya yi kwana huɗu, ƙofa ta buɗe. Gani ya kori ji, in ji masu iya magana.

Wannan ne ya sa muka ga ya kamata mu zauna mu auna wata al'ada wadda take yaɗuwa a duniya, watau lauya ya ajiye rigarsa ta kotu, ya ɗauki na'urar ɗaukar hoto, ya shiga shirya fim a kan yadda ake shari'ar masu laifi. Fim ɗin da muke nufi shi ne na gaskiya, wanda babu 'yan wasa a cikinsa, sai ainihin mutanen da abin ya shafa, a ainihin wurin da abin ya faru. Tambayarmu ita ce, ina amfanin wannan ga talakan da ke zaune gidan yari a Birnin Kebbi ko Argungu yana jiran shari'a? Kuma mene ne ruwan akawun da ke zaune ofis a Gwadangaji, ko malamin makaranta, da wannan batu?

LAUYOYIN DA SUKA SAKE SANA'A

Bari mu fara da wata Ba'amurkiya, Dawn Porter. Ta karanta shari'a a Jami'ar Georgetown, ta yi aikin lauya a birnin Washington, sa'an nan ta koma gidan talabijin na ABC. Daga nan ta shiga shirya fim. Cikin 2013 ta fitar da wani mai suna Gideon's Army, watau Rundunar Gideon.

Sunan yana da tarihi. Clarence Gideon wani matalauci ne wanda aka tuhuma da fasa wani gidan wasa a Jihar Florida cikin 1961. Ya roƙi kotu ta ba shi lauya, domin ba shi da abin biya, aka hana shi, aka ɗaure shi shekara biyar. Daga cikin kurkuku ya ɗauki fensir ya rubuta wa Kotun Ƙoli ta Amurka kukansa. Ran 18 ga watan Maris 1963 alƙalan nan tara suka haɗu a baki ɗaya, suka ce tilas ne jiha ta ba wanda ake tuhuma da babban laifi lauya in ba shi da hali. Aka sake shari'ar Gideon, wannan karon da lauya a gefensa, aka same shi ba shi da laifi.

Bayan shekara 50 da wannan hukunci sai Dawn Porter ta je ta duba abin da ya zama. Ta bi waɗansu matasan lauyoyi uku masu kare talakawa a jihohin Georgia da Mississippi. Ta nuna yadda lauya ɗaya yake riƙe da shari'a fiye da ɗari a lokaci guda, albashi kaɗan, ga bashin karatu a wuya. Ɗaya daga cikinsu, Travis Williams, in ya kasa kuɓutar da wanda yake karewa, sai ya sa a zana sunan mutumin a fatar bayansa, zanen da ba ya gogewa, domin kada ya manta da shi. Abin da fim ɗin ya koyar shi ne, haƙƙin da Kotun Ƙoli ta bayar yana nan a rubuce, amma talaka ba ya cin moriyarsa sai an sami mutane da kuɗi da lokacin da za su tsaya masa.

A gida Nijeriya ma an sami irin wannan. Chude Jideonwo, wanda ya karanta shari'a a Jami'ar Ikko, ya kuma yi suna a aikin jarida, ya fitar da fim cikin 2022 mai suna Awaiting Trial, watau Jiran Shari'a. Ya zauna da iyalan da suka yi kuka a kan abin da ya sami 'ya'yansu a hannun 'yan sanda, musamman rundunar nan ta SARS wadda aka rushe cikin watan Oktoba 2020 bayan matasa sun yi zanga-zanga. Amma fim ɗin na mutanen Kudu ne, da harshen da yawancin talakawan kwarin Rima ba su ji.

INDA CIWON YAKE

Lissafin da hukumar gidajen yari ta Nijeriya ta bayar cikin 2024 ya nuna waɗanda ke tsare sun haura 80,000. Cikin kowane mutum uku, kimanin biyu ba a yanke musu hukunci ba. Tsarin mulkin 1999 kuwa ya ce duk wanda ake tuhuma ba shi da laifi sai an tabbatar. Ke nan yawancin waɗanda ke kwana a gidan yari, a idon doka, marasa laifi ne.

Yaya haka take faruwa? Bari mu buga misali. A ce wani manomin shinkafa a fadamar da ke tsakanin Birnin Kebbi da Argungu. Faɗa ya tashi a gona, aka rasa rai, 'yan sanda suka zo suka kwashi waɗanda suka tarar, har da shi. Aka kai shi gaban majistare. To, majistare ba shi da ikon yin shari'ar kisan kai, wannan aikin Babbar Kotu ne. Abin da zai iya shi ne ya ba da umurni a tsare mutumin, a aika da fayil ɗin bincike ga lauyoyin Gwamnati, su duba su ba da shawara ko akwai hujjar da za a gurfanar da shi.

Daga nan rayuwar manomin nan ta koma cikin fayil. Sai an buga takardun, an yi kwafi, an sa hannu, an sami wanda zai kai. In aka yi wa ɗan sandan da ya yi binciken canjin wurin aiki, fayil na iya kwana a aljihun tebur. In ya isa, sai ya bi layi. In shawara ta fito, sai an shigar da ƙara, an sa rana. Ranar ta zo, ko motar fursuna ba mai, ko shaida bai zo ba, ko lauya ya nemi a ɗaga. Damina ta wuce, wata ta zo, gona ta zama saura, yara sun bar makaranta. Babu wanda ya zauna ya ƙulla wa mutumin nan sharri. Kowa ya yi jinkiri kaɗan ne a teburinsa, jinkirin ya taru ya zama shekaru a kan mutum ɗaya.

Ga kuma talauci. Cikin watan Nuwamba 2023 Ministan Harkokin Cikin Gida, Olubunmi Tunji-Ojo, ya ƙaddamar da sakin fursunoni 4,068 waɗanda ke zaune domin sun kasa biyan tara ko diyya. Naira miliyan 585 aka tara daga masu taimako domin wannan aiki. Waɗannan an riga an yanke musu hukunci, abin da ya raba su da gidajensu kuɗi ne kawai.

DOKA BA TA YI KAƊAN BA

Kada mai karatu ya zaci Gwamnati ba ta yi doka a kan wannan ba. Tun 1976 aka kafa hukumar da ke ba talaka lauya kyauta. Cikin 2015 aka yi dokar tafiyar da shari'ar laifuffuka ta Tarayya, daga baya jihohi suka yi irin tasu, har da Kebbi. Dokar Tarayyar ta hana a kama mutum a madadin ɗan'uwansa. Ta ce umurnin tsarewa na farko kada ya wuce kwana 14, ana iya ƙarawa bisa dalili, amma ƙarin yana da iyaka, duka bai fi wajen wata biyu ba, in ba hujja a saki mutum. Ta ce majistare ya riƙa kewaya ofisoshin 'yan sanda kowane wata, ya ga waɗanda ke tsare. Ta ƙayyade yawan ɗaga shari'a. Har ta yi tanadin a ɗauki hoton bidiyo sa'ad da wanda ake tuhuma yake amsa laifi, domin a san ko da son ransa ya yi.

Cikin 2019 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a kan dokar da ta sake wa gidajen yari suna suka zama gidajen gyaran hali. Ita ma ta ba shugaban gidajen na jiha ikon ya sanar da Babban Joji in gida ya cika, har ya ƙi karɓar sababbi in ba a yi wani abu ba. Cikin 2023 kuma aka gyara tsarin mulki, aka ba jihohi ikon su kafa nasu gidajen. Wannan babban canji ne, domin tun 1968, sa'ad da Gwamnatin Tarayya ta karɓe gidajen yari daga hannun En'e, irin su En'en Gwandu da ta Argungu, maganarsu ta koma Ikko, daga baya Abuja. Yanzu wani sashe na nauyin yana iya dawowa gida, kan teburan da ke sakatariyar Gwamnatin Jiha a Gwadangaji.

To, in doka tana nan, me ya rage? Abin da ya rage shi ne ido. Gidan yari katanga gare shi, wanda ke waje ba ya ganin na ciki. Dokar da talaka bai san da ita ba, ba zai nemi a bi masa ita ba. Jinkirin da ba wanda yake gani kuwa ba ya ba kowa kunya. Nan ne muke ganin lauya mai majigi yana da aikin yi.

ABIN DA LAUYA YA FI WANI

A kotu lauya mutum ɗaya yake karewa, gaban alƙali ɗaya. In ya ci nasara, mutum ɗaya ya koma gida, amma hanyar da ta kawo shi tana nan, gobe za ta kawo wani. Da fim kuwa yana iya nuna wa dubban mutane hanyar kanta. Kuma ya fi sauran masu fim sanin inda zai kafa na'urarsa. Mai fim da bai san shari'a ba zai ɗauki hawaye da tsumma, mai kallo ya ji tausayi, ya tashi bai san abin da zai yi ba. Lauya ya san ranar da umurnin tsarewa ya ƙare, ya san teburin da fayil ya kwana, ya san sashen dokar da aka tsallake. Ya kuma saba da cewa kowace magana tana da ɓangare biyu, ba a yanke hukunci sai an ji ɗayan.

Wannan hanya ta koyarwa ba baƙuwa ba ce a ƙasarmu. Dattawa suna tune da motar majigi ta Gwamnatin Jihar Arewa, wadda take shiga gari da la'asar, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko a filin kasuwa, bayan sallar isha'i gari ya taru, mai bayani yana fassarawa da lasifika. Da ita aka koya wa mutane tsabta, da allurar rigakafi, da gyaran noma, kamar yadda aka yi da fim ɗin Baban Larai. Abin da ya yi wa auduga da gyaɗa amfani, ba mu ga abin da zai hana ya yi wa adalci ba. Ƙasar Gwandu kuwa ba yau ta fara tunani a kan aikin alƙali ba. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta Diya'ul Hukkami fiye da shekara 200 da suka wuce, domin ya bayyana wa masu mulki da masu shari'a nauyin da ke kansu.

AMMA FA DA HATSARI

Sai dai wuƙar da ke yanka nama ita ke yanka yatsa. Akwai wani Ba'amurke, Frederick Wiseman, wanda ya karanta shari'a a Jami'ar Yale, yana koyar da ita a birnin Boston. Yakan kai ɗalibansa wani asibiti a Bridgewater, inda ake tsare masu taɓin hankali waɗanda suka yi laifi. Abin da ya gani ya dame shi, ya nemi izini ya ɗauki fim, ya fitar da shi cikin 1967 da sunan Titicut Follies. Fim ɗin ya nuna mutane tsirara a ɗakuna marasa kome, da yadda waɗansu masu tsaro suke musu ba'a. Hukumar Jihar Massachusetts ta kai ƙara, ta ce an keta sirrin majinyata. Kotu ta hana a nuna wa jama'a, sai likitoci da lauyoyi da ɗalibai da makamantansu. Ba a ɗage hanin ba sai cikin 1991.

Mutane da yawa sun ce hukuma kunyarta take rufewa, ta fake da mutuncin majinyata. Lalle akwai ƙamshin gaskiya a nan. Amma tambayar da aka yi a kotu ba ta banza ba ce. Mutumin da ke kulle, wanda ba ya iya cewa a'a ga kowa, in ya ce na yarda a ɗauke ni, yardar nan cikakkiya ce? A ƙasarmu abin ya fi nauyi, domin mutum da sunan gidansu yake yawo. Wanda aka nuna fuskarsa cikin kayan fursuna, ko kotu ta wanke shi daga baya, kasuwa ba ta mantawa, kuma ranar da ya je neman aure za a tuna. Mun sha ganin an jera waɗanda ake zargi a ƙasa gaban 'yan jarida tun ba a kai su kotu ba. Wannan ma na'urar ɗaukar hoto ce, amma ta zama bulala. Ko yaran nan na Abuja, hoton da ya fitar da su yana nan a intanet, zai bi su har girmansu. Magana zarar bunu ce, hoto kuwa ya fi ta.

Hatsari na biyu shi ne a ɗauka hoto zai maye gurbin shari'a. Yaran Abuja sun sami wanda ya ɗauke su, dubban da ke jira a sauran wurare ba su samu ba. Ƙasar da sai hotonka ya yaɗu za a dube ka, ba ta gyara shari'arta ba tukuna. Kuma hoto yana iya ruɗi. Mai shirya fim shi yake zaɓen abin da zai nuna da abin da zai yanke, alhali kuwa wanda aka kashe wa ɗa, ko aka sace wa shanu, shi ma yana da haƙƙi, kuma jinkirin shari'a yana cutarsa kamar yadda yake cutar wanda ke tsare.

SHAWARARMU

Saboda haka muna maraba da duk lauyan ƙasar nan da ya yi niyyar wannan aiki, amma muna da sharaɗi huɗu. Na farko, ya yi shi da Hausa, ya kai shi inda talakawa suke, a filin gari da makarantu da wayoyin hannu, kada ya tsaya ga manyan otal na Abuja. Na biyu, ya bi fayil fiye da yadda yake bin fuska. Ya ɗauki shari'a ɗaya, ya nuna ranar kamu, da ranar da takarda ta bar wannan tebur, da ranar da ta isa wancan, mai kallo ya ƙirga kwanakin da kansa. Na uku, ya riƙe amanar da ya yi rantsuwa a kanta: ya rufe fuskar yaro da ta duk wanda ba a yanke wa hukunci ba, ya nemi izinin hukuma da na iyali, kada kuma ya taɓa shari'ar da ke gaban alƙali ta hanyar da za ta karkatar da ita. Na huɗu, ya ba kowa baki. Ya ji daga ganduroba mai tsaron mutane fiye da ƙima, da ɗan sandan da yake sayen takarda da kuɗin aljihunsa, da lauyan Gwamnati wanda fayil ya yi wa yawa, da wanda aka yi wa laifin. In an yi haka, hukuma ba ta da dalilin rufe ƙofa, domin fim ɗin zai taimake ta wajen neman ma'aikata da kayan aiki.

Ku kuma akawuna, na kotu da na ma'aikatu, a Gwadangaji da Birnin Kebbi da Argungu, ba sai kun jira mai majigi ya zo ba. Fayil ɗin da ke gefen teburinka, wanda ka ce sai Litinin, akwai mutum a cikinsa, yana ƙirga kwanaki a bayan katanga, matarsa tana sayar da akuya domin kuɗin mota zuwa kotu. Rajistar da ka cika daidai, da tunin da ka rubuta wa maigidanka cewa kwanakin wane sun cika, suna iya mayar da magidanci gonarsa kafin shuka.

Ku malaman makaranta, ku koya wa yara abu uku su kai gida: ba a kama mutum saboda laifin ɗan'uwansa, belin ofishin 'yan sanda ba na kuɗi ba ne, kuma wanda ba shi da hali yana da ikon ya nemi lauyan Gwamnati kyauta. Wanda bai taɓa shiga wannan hali ba kada ya ce ba ruwansa. In ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Allah ya ba shugabanninmu da alƙalanmu ikon tsai da adalci, ya fitar da wanda aka tsare ba da haƙƙinsa ba, amin.